Smith, Sale da Ɗanladi: Tambayoyi da Amsoshi Kan Asalin Sunaye

Duk wanda ya taɓa zama gaban fom, ya ga an ware gida guda an ce ya rubuta sunan zuri'a, ya tsaya yana cizon biro, to ya san inda waɗannan tambayoyi suka samo asali. Wasu ɗalibai ne ke yin su. Wasu kuma a majalisa ake tayar da su bayan an tashi daga kallon ƙwallo, ka ji ana gardamar yadda Bature da hankalinsa zai yarda a riƙa kiransa Daji ko Shinkafa. Na tsinto waɗanda aka fi maimaitawa.

Me ya sa Turawan Ingila ke da suna guda da ba ya canzawa tun daga kaka har tattaɓa-kunne?

Ba da shi suka tashi ba. Kafin shekarar 1066, lokacin da William na Normandi ya ƙetaro daga Faransa ya ci Ingila da yaƙi, mutumin ƙasar suna ɗaya gare shi. In abin ya yi yawa a liƙa masa laƙabi, ranar da ya mutu a binne su tare. Manyan da suka zo da William su suka fara riƙe sunayen garuruwansu na can Faransa suna bar wa 'ya'yansu, saboda akwai filaye da za a gada, mai gado kuwa yana son abin da zai nuna shi ɗan gidan ne. Talaka ba shi da gonar kansa balle abin ya dame shi.

Abu biyu suka jawo talaka ciki: ƙarancin sunaye da haraji. A ƙarni na 13 da na 14 sunaye 'yan kaɗan ne suka cika ƙasar, daga John sai William, Richard, Robert da Thomas. Ka ɗauka ƙauye ne mai magidanta arba'in, goma a cikinsu duk John. Mai karɓar haraji ya zo da takardarsa, wane John ne ya biya, wane ne ya ɓuya? Dole a ce John maƙeri, John na bakin rafi, John ɗan William, John dogo. Takardun harajin kai da aka karɓa a 1377 da 1379 da 1381 cike suke da irin wannan rubutu. Da tafiya ta yi tafiya sai laƙabin ya daskare, ɗan John maƙeri ya zama manomi amma ana ci gaba da rubuta shi Smith. Zuwa wajajen 1400 yawancin gidajen Ingila sun riga sun sami sunan da ake gada.

A wasu ƙasashen ma doka aka kafa ƙiri-ƙiri. An tilasta wa mutanen Holan rajistar sunan zuri'a a 1811 zamanin mulkin Napoleon, Japan ta yi a 1875, Turkiyya kuma sai 1934, shekarar da majalisa ta ba Mustafa Kemal sunan Atatürk, wato uban Turkawa. Ke nan inda duk ka ga sunan zuri'a, in ka tona za ka tarar da littafin hukuma a ƙarƙashinsa.

To daga ina suka ɗebo sunayen?

Daga inda mu ma muke ɗebo laƙabi. Mafi daɗin bincike su ne na sana'a, don kusan duk wata sana'ar da ka sani a tsohuwar kasuwa tana nan a bakin Bature bai ma san yana faɗa ba. Smith maƙeri ne, kuma shi ne sunan da ya fi yawa a Ingila da Amurka. Taylor tela, daga nan ma muka ari kalmar. Weaver da Webster masaƙa, Dyer marini, Tanner majemi, Butcher mahauci, Barber wanzami, Hunter maharbi, Fisher masunci, Shepherd makiyayin tumaki, Mason magini, Miller mai niƙa, Fletcher mai gyara kibau. Carter, sunan tsohon shugaban Amurka Jimmy Carter, mai jigila ne da amalanke. Thatcher kuwa mai baibayar ɗaki ne, wato matar da ta riƙe Birtaniya daga 1979 zuwa 1990 sunan masu jinka take amsawa.

Maƙeri dai ya yi baya a ko'ina. Schmidt na Jamus, Ferrari na Italiya, Kowalski na Folan, Kuznetsov na Rasha da Haddad na Larabawa duk daga ƙira suka fito. Mai motar Ferrari da Ɗan Maƙera na unguwarku sunansu ɗaya.

Sai na uba. Johnson ɗan John, Nixon ɗan Nick, Harrison ɗan Harry. A Sikotlan da Ailan Mac ko Mc yana nufin ɗan, O' kuma jikan. Fitz, kamar a Fitzgerald, daga kalmar Faransanci ta ɗa ya fito. Sai na wuri: Hill na kan tudu, Wood na bakin kurmi, Brook na bakin ƙorama, su Lincoln da Washington da Beckham kuwa sunayen garuruwa ne a Ingila. Na ƙarshe na siffa, irin su Long, Short, Brown da Armstrong, waɗanda ba su da maraba da Dogo, Gajere, Jatau da Ƙarfafa.

Ashe Bush daji ne, Rice kuma shinkafa?

A nan ake yawan yin tuntuɓe. Bush yana da alaƙa da kalmar, amma ba da ma'anar da muka saba ji a Turancin Najeriya ba. A Ingila kalmar tana nufin 'yar bishiya mai duhuwa, sunan kuma na wanda gidansa ke kusa da irinta ne.

Rice ba ruwansa da shinkafa. Sunan mutanen Wales ne, Rhys, da Turawan Ingila suka rubuta yadda kunnensu ya ji. Mutanen Wales suna cewa "ap" a inda muke cewa ɗan, sai "ap Rhys" ya dunƙule ya zama Price, wanda shi ma ba ruwansa da farashi. Haka "ap Hywel" ya koma Powell, "ap Richard" ya koma Pritchard.

Walker ba matafiyi ba ne. Sana'a ce ta masu tattaka sabon saƙin ulu cikin ruwa don ya yi kauri, kusan matsayin mabuga a wajen masu rini. A arewacin Ingila ake ce masa Walker, a kudu maso gabas Fuller, a kudu maso yamma Tucker. Wanda ya fi ba ni tausayi shi ne mai suna Coward. Duk ɗan makaranta ya san kalmar da matsoraci, alhali sunan daga tsohuwar kalmar makiyayin shanu ya fito. Ita kalmar tsoron daga Faransanci ta shigo, daga kalmar wutsiya, kamar dai karen da ya lanƙwashe bindi. Kalmomi biyu ne daban, zamani ya goge su har suka zama rubutu ɗaya.

Bahaushe yana da sunan zuri'a a gargajiyance?

Babu. Akwai sunan yanka da ake raɗawa ranar bakwai, sai laƙabi, sai kuma a ce wane ɗan wane. Sunan uba da ake ɗorawa yana sauyawa da kowane ƙarni: Musa Audu ya haifi Sani Musa, shi kuma ya haifi Bala Sani, Audu ya fita daga lissafi. Kada wani ya ɗauka ci-baya ne. Mutanen Aisland, can ƙarshen arewacin Turai, har gobe haka suke yi, namiji a ƙara wa sunan ubansa "son", mace a ƙara "dóttir".

Abin da Bahaushe ya fi ƙwarewa a kai shi ne laƙabin da ke ba da labarin haihuwa. Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, Kande mace ce da ta biyo bayan maza, Gambo mabi tagwaye, Cindo mai yatsa shida, Sallau ɗan ranar salla, Azumi 'yar watan azumi, Nomau ɗan lokacin noma, Shekarau wanda aka ce ya daɗe a ciki, Auta kuma an rufe ƙofa. Uwar da 'ya'ya ke mutu mata tana sa Ajuji ko Ayashe, a nuna kamar ba a damu da yaron ba ko mutuwa ta kau da kai. Bature mai suna Smith sana'ar kakansa na goma sha biyar kawai sunan ke faɗa maka. Tanko kuwa da jin sunansa ka san yana da yayye mata.

Me ya sa manyan Arewa da yawa ke amsa sunan gari?

Makarantar boko ce ta kawo. Yaro ya zo daga ƙauye, malam ya buɗe rajista:

"Kai yaro, sunanka?"

"Abubakar."

"Abubakar nawa gare ni a ajin nan. Daga ina ka zo?"

Abin da ya faɗa shi za a rubuta, ya bi shi har tsufa. Akwai kuma kunya, don ɗan Bahaushe na wancan zamani ba ya buɗe baki ya ambaci sunan mahaifinsa gatsau a gaban mutane, sunan gari ya fi masa sauƙin faɗa. Da haka aka sami Abubakar Tafawa Ɓalewa, Aminu Kano, Isa Kaita, Shehu Shagari, Abubakar Rimi, Attahiru Jega da Rabi'u Musa Kwankwaso. 'Yar'aduwa unguwa ce a birnin Katsina. Wasu kuma sarautar gidansu ta zame musu suna, su Ciroma, Galadima, Waziri da Madaki.

Yanzu da yawa daga cikin waɗannan sun daskare sun zama na gado, daidai yadda Smith ya daskare a Ingila. Dubi Ɗantata. Alhassan, attajirin Kano da ya rasu a 1955, an kira shi ɗan Tata ne saboda matar da ta rene shi, ga shi jikoki da tattaɓa-kunne suna amsawa. Abin da ya ɗauki Ingila shekaru ɗaruruwa, mu a gaban idonmu yake faruwa.

Akwai dangantaka tsakanin Sale da kalmar Turanci ta sayarwa, wato "sale"? Ladi fa da "lady"?

Kowa ya san barkwancin mutumin da ya ga an rubuta a bangon gida da Turanci cewa gidan ba na sayarwa ba ne, ya karanta ya ce, "To wa ya ce na Sale ne?" Iyakar dangantakar ke nan. Sale gajarcen Salihu ne, daga Larabci, ma'ana mutumin kirki. Kalmar Turancin "sel" ake furta ta, a takarda kawai suka yi kama.

Ladi kuwa 'yar Lahadi ce, Lahadi kuma daga Larabci "al-ahad", rana ta ɗaya. Ita "lady" a tsohon Turanci tana nufin mai kwaɓa burodi, kamar yadda "lord" yake nufin mai tsaron burodi. Wato uwargida mai tuƙa tuwo da maigida mai riƙe da makullin rumbu. Ya yi daidai da gidan Bahaushe, amma ba daga nan Ladi ta fito ba. 'Yan'uwanta su ne Altine, Talatu, Larai, Lami, Jummai da Asabe. Mutanen Akan na Gana ma suna da irin wannan tsari, Kofi ɗan Juma'a ne, Kwame ɗan Asabar, don haka Kofi Annan Ɗanjuma ne, Kwame Nkrumah kuma Ɗan'asabe.

Wanda ya fi jawo ruɗani a ƙasashen waje shi ne Ɗan. Da zarar an rubuta Danladi ko Danjuma ba lanƙwasa, Bature sai ya yanke ya ce Dan, a zatonsa Daniel ne. Daniel sunan Ibrananci ne mai nufin Allah ne alƙalina. Namu ɗan abokin "son" da Mac da "bin" ne. Sani ma ba shi da haɗi da kalmar Turanci ta hasken rana, kuma ba shi ne sani na ilimi ba. Larabci ne, na biyu, cikin jerin da ake bambanta masu suna Muhammadu a gida ɗaya: Auwal, Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu, Sadisu. Ko cikin Hausa kanta akwai irin wannan karo, don Balarabe yana iya zama mutumin ƙasar Larabawa, yana iya zama ɗan Laraba.

To Musa da Moses fa, su ma kama ce kawai?

A'a, waɗannan suna ɗaya ne da ya rabu hanya biyu. Ɗaya ya biyo ta Larabci ya iso mana, ɗaya ya bi ta Girkanci da Latin ya isa Ingila. Haka Ibrahim da Abraham, Dauda da David, Sulaiman da Solomon, Yusuf da Joseph, Yunusa da Jonah, Ayuba da Job, Haruna da Aaron, Maryam da Mary, Saratu da Sarah, Jibrilu da Gabriel. Abin mamaki shi ne James. Ba ya kama da Yakubu ko kaɗan, amma shi ne: Jacob ya shiga Latin, bakin mutane ya murɗa shi, Faransanci ya ƙara gutsure shi, ya fito James.

Kiristocin da ke magana da Hausa suna da nasu rukunin da ya biyo ta Larabci, su Bulus, Bitrus, Istifanus, Filibus da Yohanna. Larabci ba shi da harafin P, shi ya sa Paul ya zama Bulus, Peter ya zama Butrus, mu kuma muka ce Bitrus. Peter daga kalmar Girkanci ta dutse ya fito. Daga wannan kalma aka ƙera sunan man da ake haƙowa a ƙasa, man dutse, wanda muka ara muka ce fetur. Ke nan Bitrus da fetur 'yan gida ɗaya ne, ga Sale da "sale" masu haruffa iri ɗaya ko maƙwabtaka ba su haɗa ba.

Ta yaya mutum zai gane dangantaka ta gaskiya da wadda kunne ya ƙirƙira?

Kama da wane ba wane ba ne. Sautukan da bakin ɗan Adam ke iya fitarwa ba su da yawa, harsuna kuwa dubbai ne, dole a riƙa yin karo. Masu nazarin harshe ba sa yarda da kalma ɗaya tilo, sai sun ga sauyin yana maimaita kansa. Inda Ibrananci ke da "sh", Larabci yakan zo da "s": Moshe da Musa, Shlomo da Sulaiman, shalom da salam. Inda asali ke da "y" a farkon suna, Turanci yana da J: Yusuf, Yakubu, Yunusa duk sun bi layi ɗaya. Wannan tsari ne, ba dace ba.

Na biyu, a nemi yadda ake rubuta sunan shekaru ɗaruruwa da suka wuce, a kuma tambayi hanyar da ya bi. Wanda ya ce maka Alison ɗan Ali ne, tambaye shi wane Ali ne ya je Faransa ya haihu, domin sunan mata ne da aka ƙanƙanta daga Alice. Harrison ma ba ɗan Haruna ba ne.

Ita kanta kalmar "suna" masana da yawa suna haɗa ta da "ism" ta Larabci da "shem" ta Ibrananci, tunda Hausa da su babban gida ɗaya suka fito. Ta Turanci kuma, "name", 'yar'uwar "naam" ce, wadda duk mai kallon finafinan Indiya ya sha ji.

Me ya haɗa Bill da William? Ko harafi na farko bai zo ɗaya ba.

Abin da ya haɗa Garba da Abubakar. Turawan da sun so wasa da amo: William ya zama Will sannan Bill, Robert ya zama Rob sannan Bob, Richard ya zama Rick sannan Dick, Margaret ta zama Meg sannan Peg. Jack ma daga John yake. Saboda haka Bill Clinton a takarda William ne, kuma sunansa ba shi da alaƙa da takardar kuɗin wuta.

Mu mun fi su nisa. Abubakar shi ne Garba, Habu, Buba, a Barno kuma Bukar. Usman Shehu ne, albarkacin Shehu Ɗanfodiyo. Yusuf Maitama, Umar Sanda, Ibrahim Iro, A'isha Indo, Hauwa Kulu, Hadiza Dije, Zainabu Abu. Dalilinmu ma ya fi nasu nauyi, domin akwai alkunya. Matar da aka sa wa ɗanta sunan surukinta ba za ta tsaya tsakar gida tana ƙwala kiran sunan ba, sai ta ce Abba ko Babangida. In mace ce mai sunan uwar miji, Ummi ko Uwani.

Mohamed Salah sunan salla gare shi?

A'a. Harafin ƙarshe ya bambanta a Larabci. Nasa yana nufin kirki da gyaruwa, tushe ɗaya da Salihu. In ka bi diddigi, ɗan ƙwallon Masar ɗin kusan takwaran Sale ne.

Barack na Obama kuwa da gaske ɗan'uwan albarka da Mubarak ne. Obama sunan Luo ne na Kenya, amma akwai wani gari a Japan mai wannan suna, ba tare da wata alaƙa ba. Mutumin da ya kafa wasan judo a 1882 sunansa Kano Jigoro, bai kuma haɗa komai da Dala da Gwauron Dutse ba. Bello a Italiya kyakkyawa ne, namu kuwa daga Fulatanci ake danganta shi, da ma'anar mataimaki. Buhari nisba ce ga Bukhara da ke Uzbekistan ta yau, garin malamin hadisi.

Na ji an ce Sambo zagi ne a Amurka. Gaskiya ne?

Gaskiya ne. A wajen Fulani Sambo ɗa na biyu ne, suna mai mutunci, har mataimakin shugaban Najeriya daga 2010 zuwa 2015 Namadi Sambo ne. A Amurka kuwa tun zamanin bauta farar fata suka mai da kalmar abin yi wa baƙar fata izgili, kuma har yau da zafinta. Mai wannan suna da zai je can ba sai ya canza ba, amma ya san dalilin da zai sa a ɗaga kai a dube shi in an kira shi a bainar jama'a.

Me ya sa baƙaƙen Amurka ke amsa su Johnson da Williams?

An raba kakanninsu da sunayensu tun a jirgin ruwa da gonakin bauta. Bayan an soke bautar a 1865, wasu sun ci gaba da sunan gidan da ya mallake su, wasu suka zaɓi sabo, irin su Freeman, wato ɗa ba bawa ba, ko Washington. Wannan ne ya sa Malcolm Little ya yar da Little ya sa X, alamar sunan asali da ya ɓace, daga baya kuma ya zama Alhaji Malik el-Shabazz. Da ya ziyarci Ibadan a 1964 ɗalibai suka sa masa Omowale, ɗa ya dawo gida. A wannan shekarar ce Cassius Clay ya koma Muhammad Ali.

Akwai sunayen mutane da suka koma kalmomin yau da kullum?

Da yawa. Charles Boycott wakilin mai filaye ne a Ailan, a 1880 manoma suka haɗa baki ba mai yi masa aiki, ba mai sayar masa da komai, sunansa ya zama kalmar ƙaurace wa abu a Turanci. Burodin da ake tsagawa a cusa nama ya samo suna daga wani basarake mai sarautar garin Sandwich. Man dizal daga injiniyan Jamus Rudolf Diesel. Marsandi sunan wata yarinya ne, Mercédès, 'yar dillalin motocin, Fijo kuma sunan zuri'ar Peugeot. Kalmar "algorithm" da masu kwamfuta ke kiran jerin matakan lissafi da ita daga al-Khwarizmi ta fito, malamin Bagadaza na ƙarni na 9.

Mu ma muna yi. An daɗe ana ce wa takardar naira ashirin Murtala saboda hoton da ke jikinta, dattawan ma'aikata kuma har yau in suka ce Udoji ƙarin albashin tsakiyar shekarun 1970 suke nufi, ba Jerome Udoji da ya shugabanci kwamitin ba.

Dole ne mace ta ɗauki sunan mijinta?

Al'adar Ingila ce, daga tsohuwar dokarsu da ke ɗaukar matar aure a matsayin wadda ta shige ƙarƙashin mijinta. Margaret Thatcher Roberts aka haife ta. Angela Merkel ta mulki Jamus shekara 16 da sunan mijinta na fari wanda suka daɗe da rabuwa. Ko a Turai ba kowa ke yi ba, matan Sifaniya ba sa canzawa. A Musulunci malamai suna kafa hujja da aya ta 5 cikin Suratul Ahzab, wadda ta ce a kira mutane da sunan ubanninsu. Nana Asma'u ta auri Waziri Giɗaɗo, amma 'yar Shehu tarihi ya san ta. A ganina, macen da ta bar sunan mahaifinta a takardunta ta hutar da kanta, don takardar makaranta ba ta san an ɗaura aure ba, ba ta kuma san an saki ba.

Me ya sa suna ɗaya ke da rubutu barkatai, kuma wanne zan sa a fom?

Kowane Bature da yadda ya rubuta abin da ya ji. Bafaranshe yana rubuta "u" da "ou", "sh" kuma da "ch", shi ya sa Usman na Katsina in ya tsallaka Maraɗi ya zama Ousmane, Yusufu ya zama Issoufou, A'ishatu ta zama Aïchatou. A zangon Kumasi Husaini Fuseini ne, Sa'idu Seidu, Idrisu kuma Iddrisu. Mutum ɗaya ne, alƙalami ne ya bambanta.

Da can ba wanda ya damu, yanzu kwamfuta ce ke dubawa, ita kuwa ba ta san alkunya ba, ba ta san Garba shi ne Abubakar ba. Ni kaina na ɗanɗana. Sunan mahaifina ya fito iri uku a takarduna: hedimasta ya rubuta Moh'd don gidan rajistar ya yi masa kaɗan, a sakandare aka rubuta Mohammed, ni kuma da na girma na ga Muhammad ya fi daidai na koma shi. Ranar da na je wani ofishi karɓar haƙƙina, ma'aikacin ya jera takardun uku a kan tebur, ya dube su, ya dube ni.

"Malam, waɗannan ai mutum uku ne."

"Ranka ya daɗe, uba ɗaya ne ya haife ni."

"Ban musa ba. Amma na'ura ba za ta karɓa ba."

Sai da na yi rantsuwa a kotu, na buga sanarwa a jarida, na yi sati uku ina zarya. Saboda haka ka ɗauki takardarka mafi tsufa wadda ba ta gyaruwa cikin sauƙi, galibi ta kammala sakandare, ka bi rubutunta harafi da harafi a ko'ina, ko da kana ganin kuskure ne. A gidan sunan zuri'a ka sa sunan mahaifi ko na kaka ko na gari, duk wanda ka zaɓa, amma kada ka juya jerin, yau Sani Musa gobe Musa Sani. In kuma jariri za ka yi wa takardar haihuwa, sunan yanka za a rubuta, Abba da Ummi a bar su a tsakar gida.